Yadda Ake Zagaya da Baƙi Birnin Kano a Ƙasa, Ana Tafe Ana Ɗanɗano

A garuruwan da baƙi suka saba zuwa yawon buɗe ido, irin su Porto ta ƙasar Fotugal da Bologna ta Italiya, akwai wata sana'a da mutane da dama ke riƙe iyali da ita. Ɗan gari ne zai tara baƙi shida ko takwas, ya shige gaba su bi shi a ƙasa, lungu-lungu, na awa uku ko huɗu. A tsaya nan a ɗanɗani cuku, a tsaya can a kurɓi giyar inabin yankin, shi kuwa yana ta ba su labarin garin. Kano tana da duk abin da sana'ar nan ke buƙata ban da giyar, kuma za mu zo kan abin da zai maye gurbinta. Tana da ganuwar da Tarihin Kano ya ce Sarki Gijimasu ne ya fara ta, shi da ya yi sarauta daga 1095 zuwa 1134. Tana da kasuwar da ta haura shekara 500 tana ci, da marinar da har gobe ake tsoma zane a cikinta, da abincin da mutane ke yin tsarabarsa zuwa wasu ƙasashe. Amma abin da aka fi yi wa baƙo shi ne a ɗauke shi a mota, a sauke shi a marina na minti goma, a gifta da shi ta gaban fada, a mayar da shi otal ya ci soyayyar shinkafa. Ya zo Kano ya koma bai san ɗanɗanon gurasa ba. Wannan rubutu na saurayi ne ko budurwar da abin ke damu, mai son ya gyara, ya kuma sami abin kansa a ciki.

Tun ba a ga baƙo ba

Hanyar da za ka bi da mutane ba taka ba ce. Ƙofar gidan wani ce, rumfar wani ce, wurin neman abincin wata ne. Idan mutanen wurin ba su yarda da kai ba, zagayen ya mutu tun ba a fara ba, ko da ka haddace sarakunan Kano daga Bagauda har zuwa yau. Don haka makonnin farko na sana'ar nan gaisuwa ce kawai. Ka je wurin mai unguwar duk inda za ka ratsa, ka gaishe shi, ka faɗa masa ko kai ɗan wane ne da abin da kake shirin yi. Ka zauna da dattawan karofi a Ƙofar Mata, ka ga shugabannin 'yan kasuwa a Kurmi. Ka leƙa hukumar yawon buɗe ido ta jiha ka tambayi irin rajistar da ake buƙata, ka kuma san ma'aikatan Gidan Makama ido da ido. Ranar da wani yaro zai yi wa baƙuwarka rashin kunya a lungu, dattijon da ka durƙusa ka gaisar watan jiya shi zai tsawata masa kafin ka buɗe baki. Da ɗan gari akan ci gari, kai ma kuwa a unguwar da ba taka ba baƙo ne.

Sai zaɓen masu abinci, kuma nan ne yawancin aikin yake. Kada ka zaɓi mai waina don 'yar'uwarka ce. Ka ci abincinta a ranaku daban-daban, ka zauna kana kallo. Daga ina take samun ruwa? Man da ke cikin kasko na yau ne, ko ya yi baƙi? Tana rufe abin da ta kwashe? Hannun da ke karɓar kuɗi shi ke ɗaukar wainar? Cikin baƙo bai saba da abin da namu ya saba da shi ba, kuma mutum ɗaya da ya kwana yana zawo ya isa ya ɓata maka suna a intanet. Ka fifita abin da aka soya ko aka gasa ko aka tafasa a gaban idonku. Ɗanyen tumatir da kabeji da albasa kuwa, kai za ka wanke su da ruwa mai tsabta ka taho da su a rufe.

Idan ka gamsu da mutum, ku yi magana ƙeƙe da ƙeƙe: ga ranakun da za ka zo, ga lokaci, ga yawan mutane, ga abin da za ka biya. Ka biya fiye da kuɗin abin da aka ci, domin ba abinci kaɗai ta ba ka ba. Ta tsayar da cinikinta, ta amsa tambayoyi, ta haƙura mutum takwas sun tsaya mata a ka. Ka karɓi lambar wayarta ko ta ɗanta, ka kira tun dare ka tabbatar. Idan baƙi suka fasa bayan ta riga ta jiƙa shinkafa, asarar taka ce, ka biya ta kuɗinta cif.

Mata su saurara da kyau a nan. Mafi daɗin abincin cikin birni ba a bakin titi ake yin sa ba, a cikin gida ake yi, inda aka rubuta "ba a shiga" a jikin ƙofa. Alkaki da nakiya da dubulan da funkaso da gurasa, yawanci hannun matan aure ne da tsofaffi, yara ne ke fito da su talla. Namiji iyakarsa soro. Mace 'yar jagora kuwa, da izinin maigida da na uwargida, tana iya shiga da baƙi mata har bakin murhu. Shi ya sa nake ganin zagayen da ya fi armashi shi ne na mutum biyu, mace da namiji: ita ta shiga da mata, shi ya zauna da maza a soro a fito musu da abin a faranti. Ko ba don wannan ba ma sai da mataimaki, ɗaya a gaba ɗaya a baya, saboda lungunan birni ƙanana ne, ga babura, ga kwata, ga wanda za a bari a baya yana ɗaukar hoton wata tsohuwar ƙofa.

Kada ka wuce mutum takwas, kada tafiyar ta wuce kilomita uku zuwa huɗu. Hunturu ne lokacin da ya fi dacewa, daga Nuwamba zuwa Fabrairu. A bazara, musamman Afrilu da Mayu, zafi kan haura digiri 40, sai a fito da sassafe a rage tafiya. A Agusta ka shirya wa ruwa da taɓo. Ranar Juma'a ka bar ta, domin tun hantsi kewayen Babban Masallaci ke fara cika. Da azumi kuwa ba a yawo da mutane suna ci a idon masu ƙishirwa. Ka mayar da zagayen na yamma, ya ƙare da buɗa-baki a gidan da ka shirya da su.

Duk wanda ya nemi shiga, kafin ka karɓi kuɗinsa ka yi masa tambayoyi. Ta farko, kuma wadda ba a wasa da ita: jikinka yana karɓar gyaɗa? Akwai mutanen da ƙwayar gyaɗa ɗaya ke toshe musu numfashi har ta kai ga asibiti ko abin da ya fi haka, mu kuwa gyaɗa tana cikin tsire da kilishi da bandashe, tana cikin yajin da ake barbaɗawa, da manta ake soya abubuwa da yawa. Wanda ya ce tana yi masa illa, gara ka ba shi haƙuri da ka yi kasada da ransa. Ka tambayi wanda ba ya cin nama, da wanda alkama ke damu, da mai ciwon sukari, da mai ciwon gwiwa. Ka faɗa musu irin shigar da ta dace: tufa mai rufe kafaɗa da gwiwa ga kowa, mayafi ga mata, takalmi rufaffe. Ka kuma faɗa musu tun a lokacin cewa babu giya a zagayen.

Daga Ƙofar Mata zuwa Jakara

Abinci yana da lokacinsa, shi zai tsara maka hanya, ba taswira ba. Ƙosai na safe ne, bandashe da fura na rana ne, tsire sai bayan la'asar. Sannan ka riƙe wannan: ɗanɗano za ka ba mutane, ba ƙoshi ba. Loma biyu ko uku a kowace tsayawa. Mun saba a cika wa baƙo kwano har ya ce ya gode, amma wanda ya ƙoshi da ƙosai da ƙarfe takwas ba zai ji daɗin komai ba har a tashi. Ka gaya wa mai abincin wannan tun da wuri, don kada ta ɗauka rowa kake yi.

Ku haɗu a Ƙofar Mata da ƙarfe bakwai da rabi. A fara da ƙaramin kofin koko da ƙosai biyu masu zafi, a tsaye, kana yi musu bayanin inda za a bi da abin da ba a yi: ba a ɗaukar hoton mutum sai ya yarda, mata da almajirai musamman, ba a ɗaukar jami'an tsaro, ana miƙa abu da karɓa da hannun dama. Ka koya musu "sannu da aiki" da "na gode". Kalmomin nan biyu za su buɗe musu fuskoki fiye da duk bayanin da za ka yi.

Daga nan ku shiga marina, wadda ake cewa an kafa ta a 1498. Kada ka cika su da surutu a nan, ka bar idonsu ya yi aiki. Ka roƙi marini ya tsoma farin ƙyalle a gabansu. Zai durƙusa a bakin ramin, hannunsa ya rine har gwiwar hannu, ya nutsar da ƙyallen cikin ruwan baba da toka da aka bari ya yi kwanaki yana tsima, kumfa mai shuɗi-shuɗi tana yawo a sama. Idan ya tsamo, za su ga ƙyallen ya fito kore-kore. Ya matse, ya baza shi a iska, a gaban idonsu ya fara juyawa zuwa shuɗi. Iskar ce ke kama launin, shi ya sa ake tsomawa a fitar, a tsoma a fitar, har ya yi duhun da ake so. Sai a nan za ka yi magana: adon da ke jikin rinannun zannuwa mata ne suke ɗaure shi da zare a gida kafin a kawo, kuma Bajamushen nan Heinrich Barth, da ya sauka Kano a 1851, ya rubuta cewa tufafin da aka saƙa aka rina a ƙasar Kano suna kaiwa har Tambutu da Gat da Tarabulus. Ku leƙa ɗakin masu bugu su ji yadda ake dukan zane a kan gungume har ya yi ƙyalli.

Sai ku miƙe yamma zuwa Babban Masallaci. Ginin da ake gani yanzu, mai koriyar tulluwa da hasumiya biyu, an yi shi ne zamanin Sarki Abdullahi Bayero a farkon shekarun 1950. Wanda ba Musulmi ba ya kalla daga waje. Ku kewaya Gidan Rumfa zuwa Ƙofar Kudu. Fada gidan mutane ne, ba a shiga sai da izinin da aka nema tun da wuri, don haka kada ka yi wa kowa alkawarin shiga. Gidan Makama yana nan kusa. Can ne Muhammadu Rumfa ya zauna yana Makama kafin ya hau sarauta a 1463, yanzu kuma gidan tarihi ne. Rabin awa ya isa: su ga tsofaffin ƙyauren ƙofofin birni, su ɗaga kai su ga ɗaurin guga da azara, su ji sanyin ginin ƙasa, ka ba su labarin shigowar sojojin Ingila ta Ƙofar Kabuga a Fabrairun 1903, lokacin da Sarki Alu yake Sakkwato. Nan ne kuma ya kamata ka tanadi makewayi, abin da sababbin 'yan jagora suka fi mantawa.

Tsayawar abinci ta biyu ta ɗan wake ce ko waina. Ni ɗan wake nake zaɓa, domin ana iya kallon yadda ake yin sa daga farko har ƙarshe: garin wake da na rogo, kuka, ruwan kanwa, a kwaɓa, a riƙa gutsura ana jefawa cikin tafasasshen ruwa har ya taso sama, a tsame a zuba mai da yaji. Wanda ba ya cin nama ma ya samu.

Kurmi ce zuciyar zagayen, kuma ita ce ta fi wuyar sarrafawa. Rumfa ne ya kafa ta. Hanyoyinta ba sa ɗaukar mutum biyu a jere, saboda haka kada ka yi bayani kana tafe, na baya ba zai ji ba, kuma za ku tare wa masu ɗauke da kaya hanya. Ka nemi rumfa guda ta mai kayan yaji wanda ka shirya da shi, a zauna a benci. Ya zuba musu citta da kanumfari da masoro da kimba a faifai, su ɗauka su murza su shinshina. A ba su daddawa su ji warinta, ka faɗa musu daga ɗorawa ake yin ta. A nuna musu kanwa, su tuna da ɗan waken da suka ci ɗazu. Daga nan tarihi zai shigo da kansa, domin kowane abu a faifan nan yana da hanyar da ya biyo. Gishiri daga Bilma ayarin raƙuman Buzaye ke kawo shi ta Agadas. Goro daga Gwanja, a arewacin Gana ta yau, fataken Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari ke ɗauko shi a kan jakuna, tafiyar watanni. Da fataucin goron ne Alhassan Ɗantata ya fara kafin ya koma gyaɗa bayan jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911. Fatar jar akuya da aka jeme a ƙasar Hausa ta ratsa hamada, Turawa suka saye ta da sunan fatar Maroko. Hugh Clapperton ya shiga kasuwar nan a 1824 ya tarar da lemar Ingila koriya ana sayarwa, ya saye ta dala uku ta Sifaniya. Sunayen unguwannin da ke kewaye su ma shaida ne: Zangon Barebari, Tudun Nufawa, Agadasawa, Dandalin Turawa inda Larabawan Arewacin Afirka suka zauna.

Akwai abin da ba na so ka tsallake. A kasuwar nan an sayar da bayi. Baƙo mai karatu ya riga ya sani, idan ka ɓoye zai daina yarda da sauran maganarka. Ka faɗa da natsuwa, ba ƙari ba ragi. Haka nan ka riƙa bambanta abin da aka rubuta da abin da aka gada a baki. "Tarihin Kano ya ce", "dattawan unguwar nan suna cewa", "wannan zan tambayo maka": duk maganganun mutunci ne. Ƙirƙirar labari don a burge baƙo ha'inci ne, ga shi da kuma garin.

Daga Kurmi sai Jakara, gidan gurasa. Ka tambayi mai yin ta lokacin da take hura tanderu, ka daidaita isowarku da shi, domin gurasar da ta huce rabin daɗinta ya tafi. Tanderu tukunyar ƙasa ce babba da aka girke, a cinna kara a cikinta har bangonta ya ɗau zafi. Kwaɓin fulawa da yis ya riga ya tashi a kwano. Za ta jiƙa hannu, ta yanko curi, ta faɗaɗa shi a tafinta, ta zura hannu cikin zafin nan ta manna a jikin bango, ta sake yanko wani, ba tsayawa, har bangon ya cika. Ta rufe. Ba a jima ba ta buɗe ta ɓamɓaro su, gefen da ya manne ya yi ja-ja, cikin kuwa laushi da ƙananan ramuka. A yaga guda a zagaya da ita haka nan zallanta tukuna, su ji ɗanɗanon alkama da hayaƙi. Sannan a yi bandashe a gabansu: a yayyafa wa gurasar ruwa ta yi taushi, a barbaɗa garin ƙuli-ƙuli mai yaji, a zuba man gyaɗa, a ɗora albasa da tumatir ɗin da ka zo da su. Ka faɗa musu Larabawa ne suka kawo gurasa, Kanawa suka ƙara mata ƙuli. Ka bar su su ci, kada ka yi magana sai sun haɗiye.

Abin sha

Baƙon da ya saba da irin wannan zagaye a Turai zai sa ran a ƙare da giya. A Porto akan haye kogin Douro ne zuwa Vila Nova de Gaia, inda rumbunan ajiyarta suke, a jera wa kowa ƙananan kofuna. Jihar Kano tana bin Shari'a tun 2000, giya haramun ce a addinin mutanen birni, doka ma ta hana, kuma hukumar Hisba tana aiki. Ka faɗi haka kai tsaye, ba tare da kame-kame ba, kada kuma ka zama ɗan rakiyar kowa zuwa neman ta bayan an tashi, domin amanar da unguwa ta ba ka ba ta ɗaukar wannan.

Amma tsarin da masu ɗanɗanon giya ke bi yana da hikima, kuma ba ruwansa da maye. Suna zuba kaɗan. Suna duba launi, su shinshina, sannan su kurɓa. Suna fara da mara nauyi kafin mai nauyi, mara zaƙi kafin mai zaƙi, suna kurkure baki da ruwa tsakanin kofi da kofi. Ka ɗauki tsarin ka ɗora a kan namu. A soron gidan da ka shirya, a shimfiɗa tabarma, a cire takalma, a jera ƙananan kofunan gilashi, don launi ya fito. A fara da zoɓo wanda ba a sa wa sukari ba, su ga jansa, su ji tsaminsa na asali, sannan a ba su mai citta da kanumfari su kwatanta. Ruwan tsamiya ya biyo. Sai kunun zaƙi na gero, sai kunun aya mai dabino da kwakwa, wanda dole ya zama na safiyar ranar kuma a cikin sanyi, domin zafi na lalata shi cikin 'yan awoyi. Fura da nono ce ta ƙarshe saboda nauyinta. A dama ta a gabansu cikin ƙwarya da ludayi, da nonon da ka tabbata an tafasa madararsa kafin ya kwana. Duk ruwan da aka yi abubuwan nan da shi, har ƙanƙarar, ya zama ka san asalinsa. A gefe a ajiye alkaki ɗan gutsure, su ji yadda tsamin alkama ya haɗu da zaƙin zuma ko sukari, a kuma gaya musu matsayinsa a garar amarya. A rufe da ɓarin goro ga mai so, tare da gargaɗin cewa yana da ɗaci kuma yana hana barci. Ku tashi kafin azahar, ka sa su a adaidaita sahun da ka riga ka yi ciniki da shi.

Dala ba ta cikin zagayen safe. Wanda ya yi awa huɗu a ƙasa, cikinsa da fura, ba za ka hau dutse da shi da rana tsaka ba. Ka ware mata zagaye na biyu, gajere, bayan la'asar. Daga sama za su ga Goron Dutse da hasumiyoyin masallaci da yadda birni ya bazu har ya haɗiye ganuwarsa, ka ba su labarin Barbushe da Tsumburbura da maƙeran da suka fara zama a gindin dutsen. Ku sauko kafin magariba, lokacin an kewaye wuta da tsinkaye a tukuba. Tsinke ɗaya ga kowa, yankan balangu biyu, gurasa a ɗumama a gefen wuta. Idan mai kilishi ya yarda, ya nuna musu falle ɗaya tun yana ɗanye, sirara har haske na ratsa shi, ya bayyana yadda ake shanyawa, a tsoma a labu, a sake shanyawa, a gasa.

Kuɗi da abin da ke biyo baya

Ka zauna da biro ka tara komai: abinci, ihsanin marina da masu rumfa, kuɗin shiga gidan tarihi, ruwan roba, sabulu da tsumman goge hannu, adaidaita, ladan mataimaki, da naka ladan na yini guda har da zirga-zirgar shiri. Ka raba a kan mutum huɗu, ba takwas ba, don ranar da mutane suka yi kaɗan kada ka faɗi. Baƙo ya biya sau ɗaya, kafin ranar, kada a riƙa tatsarsa a hanya. Kai kuma ka riƙe canji a aljihu, domin ba kowace mai abinci ke karɓar tiransifa ba. Idan baƙo zai sayi zane ko jaka, ka taya shi ciniki tsakani da Allah. In akwai la'adar da mai rumfa ke ba ka, baƙon ya sani. Ɗora masa kuɗi a ɓoye zai fito wata rana, ya tafi da sunanka da na kasuwar. Yara masu bara za su biyo ku. Ka roƙi baƙi kada su raba kuɗi a titi, mai niyyar sadaka ya ba ka ka kai wa malamin tsangaya ko a sayi abinci a raba. Da safiyar kowace ranar fita ka kira mutanenka na unguwanni ka ji ko gari lafiya. Idan akwai taron siyasa ko wata hatsaniya, ka ɗaga zagayen ka mayar wa mutane kuɗinsu.

Kada ka zauna jiran Turawa. Yawancin baƙinka 'yan ƙasa ne: ma'aikatan da aka turo daga Legas da Abuja, masu yi wa ƙasa hidima, 'yan kasuwar Maraɗi da Damagaram da suka zo sari Kantin Kwari, ɗalibai, har da 'ya'yan Kanawan da suka tashi a Nasarawa ba su taɓa taka Kurmi ba. Da su za ka gwada hanyar tun farko, a farashi mai sauƙi, kana duba agogo kana rubuta inda aka daɗe da inda aka gaji.

Washegarin kowane zagaye ka koma wurin masu abinci da marina kai kaɗai. Ka cika wa kowa abin da ya rage, ka kai wa wanda aka ɗauka hoto hotonsa idan baƙin sun turo, sannan ka tambaye su abin da bai yi musu daɗi ba. Da farko za su ce ba komai. Ka zauna ka sha ruwa, ka sake tambaya. Mai gurasa ce za ta gaya maka cewa kun iso ta riga ta kashe wuta, mai kayan yaji ya ce benci ya tare wa maƙwabcinsa ƙofa. Ka rubuta, ka matsar da lokacin fita da minti ashirin, ka je ka ba maƙwabcin haƙuri kafin mako mai zuwa.